Dusty Baker da sana'ar karɓe ƙwallo daga hannun mai jifa

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Muna roƙon ɗan fili a shafin wasiƙu, ko da yake mun san wasan da za mu yi magana a kansa ba shi da 'yan kallo a gidajen kallon ƙwallo na Nyanya ko Kubwa. Besbol ne, wasan da muke koya wa yara a nan Abuja. Abin da ya sa muka ɗauki alƙalami shi ne muhawarar da ke dawowa duk lokacin da aka rasa kocin Super Eagles ko na wata ƙungiyar gida: a ba tsohon ɗan wasa, ai ya san ƙwallo. Mu a ganinmu iya wasa daban, iya riƙe 'yan wasa daban, kuma rayuwar wani Ba'amurke mai suna Dusty Baker ta isa shaida. Ya ci kofin ƙarshe na besbol yana ɗan wasa a 1981, bai ci shi yana manaja ba sai 2022. Marigayi Stephen Keshi shekara 19 ya yi tsakanin kofin Afirka na 1994 da na 2013, bayan ya bi ta Togo da Mali. Baker shekara 41 ya yi.

Sai mun ɗan fayyace wasan kafin labarin ya shiga kunne. Kowane ɓangare mutum tara ne a fili. Akwai tasha huɗu a jere kamar kusurwoyin ɗaki, tsakanin kowace da mai bi mata mita 27.4, ta huɗun ita ce gida. Mai jifa yana tsayawa a kan ɗan tudu, mita 18.4 daga gida, ya wurga ƙwallo mai nauyin giram 142 zuwa 149. A babbar gasar Amurka gudun jifan yana kai kilomita 150 a awa, wato ƙasa da rabin daƙiƙa ƙwallon ta iso. Mai duka yana jiranta da sanda. In ya doke ta sai ya ruga, duk wanda ya zagaye tashoshin ya dawo gida an ci maki ɗaya. In ƙwallo ta tsallake katangar fili, shi ne homron: shi da duk abokansa da ke kan tashoshi su taho gida ba mai tare su. In an fitar da mutum uku sai a yi musanya, masu duka su koma tsaro. Turmi tara ake yi, kamar yadda 'yan dambe ke ƙirga nasu. Dokar da ta fi shafar maganarmu kuwa ita ce, wanda aka cire daga wasa ya fita ke nan, ba ya dawowa.

An haifi Baker ran 15 ga Yuni 1949 a Riverside ta jihar Kalifoniya. Mahaifinsa ne kocinsa na farko, kuma ya sha korarsa daga ƙungiyar yara saboda zafin rai. A 1967 ƙungiyar Atlanta Braves ta ɗauke shi a zagaye na 26 na zaɓen sabbin 'yan wasa, abin da ke nuna ba a sa masa rai sosai ba. Kudancin Amurka a lokacin ba wurin da uwa baƙar fata za ta saki ɗanta da daɗin rai ba ne, sai da gwarzon ƙungiyar, Hank Aaron, ya yi wa mahaifiyarsa alkawarin zai riƙe shi kamar ɗansa. Ran 8 ga Afrilu 1974 da Aaron ya doki homron na 715 ya karya tarihin Babe Ruth na yawan homron, bayan watanni yana karɓar wasiƙun barazanar kisa, Baker ne ke tsaye da sanda yana jiran layinsa.

Daga nan aka yi musayarsa zuwa Los Angeles Dodgers. Shekararsa ta farko, 1976, gwiwa ta hana shi sakat, homron 4 kacal ya yi. Aka yi masa aiki, a 1977 ya doki 30. Na talatin ɗin ya zo ne a ranar ƙarshe ta kaka, 2 ga Oktoba, da ya iso gida abokin wasansa Glenn Burke ya ɗaga hannu sama shi kuma ya tafa masa, kuma da yawa daga nan suke ƙirga asalin tafawar sama da yaranmu ke yi yau. Ya yi kaka 19, ya ajiye sanda a 1986 da homron 242 da bugu mai kyau, wato wanda ke kai mai duka tasha lafiya, 1,981. Ɗan wasa ne nagari, amma ba ya cikin sahun su Aaron, kuma ya ɗanɗani zaman benci da ciwo da tsufa a fili. Muna ganin wannan ya fi yi masa amfani daga baya fiye da kofin 1981.

Ba a miƙa masa ƙungiya don sunansa ba. Ya fara shiga harkar dillancin hannun jari. A Afrilun 1987 wani babban jami'in Dodgers, Al Campanis, ya faɗa a talabijin cewa wataƙila baƙaƙen fata ba su da abin da ake buƙata na zama manaja, maganar da ta ci kujerarsa cikin kwana biyu, ta kuma tilasta wa ƙungiyoyi duba kansu. A 1988 San Francisco Giants ta ɗauki Baker kocin tasha ta farko, wanda kusan shi ne ƙaramin muƙami a cikin masu horarwa: tsayawa gefen tasha, ƙirga daƙiƙun da mai jifa ke ɗauka kafin ya saki ƙwallo, raɗa wa mai gudu ya tafi ko ya tsaya. Sai ya yi shekara huɗu yana kocin masu duka a ƙarƙashin Roger Craig, ya kuma riƙe wata ƙaramar ƙungiya ta matasa a gasar kaka ta Arizona a 1992. Shekara biyar ke nan yana almajiranci kafin a ba shi Giants a 1993. Ƙungiyar da ta ci wasa 72 a 1992 ta ci 103 cikin 162 a hannunsa, da taimakon zuwan gwanin mai duka Barry Bonds. Duk da haka ba su tsallaka zuwa wasannin neman kofi ba, don Atlanta ta ci 104. Sau uku aka zaɓe shi gwarzon manaja, a 1993 da 1997 da 2000.

To mene ne aikin manajan? Shi ne ke rubuta jerin masu duka tara, wa zai fara wa zai biyo. Shi ke ba da alamu da hannu, ya taɓa hula ko hanci ko ƙirji, kocin tasha ta uku ya isar wa mai duka. Shi ke raba hutu, don wasa 162 cikin wata shida kusan kullum ne ana fili. Amma duk waɗannan ƙanana ne a kan abu guda: yaushe zai taka zuwa tudu ya karɓe ƙwallo daga hannun mai jifa. A 'yan wasa 26 na ƙungiya, har 13 masu jifa ne. Biyar su ne masu buɗe wasa, kowa ya yi jifa yau ya huta kwana huɗu. Sauran masu karɓa ne, suna zaune can bayan katanga. Ba a fafe gora ranar tafiya, don haka tun kafin mai buɗe wasa ya gaji ake buga musu waya wani ya tashi ya ɗumama hannu, jifa kamar 15 zuwa 25. In an ta da shi da wuri aka zaunar, aka sake ta da shi, ya ƙone ƙarfinsa bai shiga wasa ba. In an makara, ana kallo za a yi ta dukan wanda ya gaji babu mai karɓarsa. Manaja ko kocinsa na iya zuwa tudu sau ɗaya a turmi ya yi magana ya koma, zuwa na biyu dole a cire mai jifan. Tun 2020 kuma wanda ya shigo sai ya fuskanci mutum uku ko ya ƙarasa turmin.

Alamomin gajiya sanannu ne ga mai ido. Gudun ƙwallo ya ragu da kilomita biyu ko uku. Gwiwar hannu ta fara sauka ƙasa da kafaɗa lokacin sakin ƙwallo, sai jifan ya riƙa tsayawa sama, daidai inda sanda ke so. Mai jifa ya fara jan lokaci, yana zagaya tudu. Ana fitar da mutane, amma da ƙwallayen da aka doka da ƙarfi suka faɗa hannun mai tsaro bisa sa'a. Sannan ga lissafi: mai duka da ke ganin mutum karo na uku a wasa ɗaya ya riga ya karance shi. Abin da ba a yi shi ne a tambayi mai jifan ko ya gaji. Ba mu san wanda ya taɓa amsawa da e ba.

Dare biyu ne suka bi Baker shekara ashirin. Na farko, wasa na shida na gasar ƙarshe, World Series, ta 2002, wadda ake ɗauka da cin wasa huɗu cikin bakwai. Giants na da uku, suna gaban Anaheim Angels da 5-0 a turmi na bakwai, saura mutum takwas su fitar su ɗaga kofi. Russ Ortiz bai kai jifa 100 ba, sai mutum biyu suka doke shi a jere. Baker ya fito ya cire shi, har ya bar masa ƙwallon ya tafi da ita ta zama abin tunawa, abin da har yau ake yi masa gori a kai. Felix Rodriguez ya shigo, Scott Spiezio ya doka masa homron mai maki uku. A turmi na takwas Darin Erstad ya ƙara wani, Troy Glaus ya kawo biyu, aka tashi 6-5. Washegari Angels suka ɗauke kofin. Aka ce ya yi gaggawa. (A wannan gasar ce ɗansa ɗan shekara uku, da ke kwaso sanduna, ya shiga gaban masu gudu har J.T. Snow ya fizge shi ta wuyan riga. Daga nan aka sa dokar sai ɗan shekara 14 zai yi aikin.)

Na biyu, bayan kusan shekara ɗaya, yana Chicago Cubs, ƙungiyar da a lokacin rabonta da kofi tun 1908. Ran 14 ga Oktoba 2003 suna gaban Florida Marlins 3-0 a turmi na takwas, saura mutum biyar su kai World Series. Mark Prior, ɗan shekara 23, shi ke jifa, kuma ya yi kyau duk dare. Sai Juan Pierre ya doke shi ya kai tasha ta biyu. Wata ƙwallo da ta nufi 'yan kallo ta kuɓuce wa mai tsaro, na biye ya samu tasha kyauta, jifa ɗaya ya kuɓuce wa mai cafewa da ke tsugune bayan mai duka, Iván Rodríguez ya kawo maki. Wanda ya kirga alamomin da muka lissafa zai ga sun cika. Baker bai motsa ba. Alex Gonzalez ya yi ɓarin ƙwallo mai sauƙi, Derrek Lee ya farke 3-3, sannan aka cire Prior. Maki takwas Marlins suka ci a turmin. Aka ce ya yi nawa.

Gaba kura baya siyaki, in ji masu kare shi, kuma akwai gaskiya a ciki. Amma mu ba mu ɗauki darare biyun daidai ba. Cire Ortiz shawara ce mai hujja da ta zo da mugun sakamako, don masu karɓarsa ƙwararru ne, sai dai wata guda ana ta aiki da su. Laifin 2003 kuwa tun kafin daren aka yi shi. A zagayen da ya gabata, a wasa da Atlanta, Prior ya yi jifa 133. A wasa na biyu da Marlins, wanda Cubs suka ci 12-3, an bar shi ya yi 116 alhali an riga an gama da wasan tun tsakiyarsa. Wancan ne daren da ya kamata a zaunar da shi da wuri a adana hannun. Shi da Kerry Wood sun sha wuce jifa 120 a kakar. Prior bai sake jifa a babbar gasa ba bayan 2006, yana ɗan shekara 25. Adalci ne a faɗi cewa ya yi karo da mai tsaron tasha ta biyu yana gudu a 2003, kuma ƙwallo ta fasa masa gwiwar hannu a 2005, don haka ba a ɗora wa Baker komai da komai ba. Sai dai tabon mai cinye hannun samari ya manne masa.

Ya bi ta Cincinnati Reds daga 2008 zuwa 2013, inda a wasannin neman kofi na 2012 suka ci Giants biyu a waje suka dawo gida aka cinye su uku a jere. Ya je Washington Nationals ya ci wasa 95 da 97 a shekara biyu, ya ɗauki rukuninsa duka biyun, aka sallame shi. Tsakanin haka ya yi fama da sankarar prostate a 2001 da ɗan shanyewar jiki a 2012. Me ya sa ake ta kiransa duk da haka? Amsar tana Janairun 2020. An kama Houston Astros da satar alamun abokan hamayya da kyamara, suna buga garwar shara don sanar da mai duka irin jifan da ke tafe. Aka kori manaja A.J. Hinch. Ƙungiyar na buƙatar dattijon da 'yan wasa za su ji kunyarsa, 'yan jarida kuma ba za su iya kiransa ɓarawo ba. Baker, da ɗan tsinkensa a baki da ɗamarar gumi a wuyan hannu, yana magana da Sifaniyanci da yaran Dominika da Kuba da Benezuwela, ya san wanda tsawa ke gyarawa da wanda sai lallashi. Wannan ba a rubuce yake a takardar lissafi ba.

A 2021 Atlanta ta doke su a World Series. A 2022 suka dawo da Philadelphia Phillies, kuma wasan farko kamar an tono kabari: suna gaba 5-0, ya bar Justin Verlander har aka farke, aka cinye su 6-5. Sai wasa na huɗu. Nan ma 5-0. Cristian Javier ya yi turmi shida babu wanda ya doke shi bugu mai kyau ko ɗaya, abin da sau ɗaya tak aka taɓa kammalawa a tarihin gasar, a 1956. Jifansa 97. Baker ya zaunar da shi, ya ba Bryan Abreu turmi na bakwai, Rafael Montero na takwas, Ryan Pressly na tara, kowa ya shigo a farkon turmi babu kowa a tasha, ba a tsakiyar gobara ba. Su huɗun suka kammala ba a doke su ba. Washegari ya karɓi turmi biyar daga Verlander ya ce ya isa. A wasa na shida, ran 5 ga Nuwamba, manajan Phillies Rob Thomson ne ya cire Zack Wheeler da jifa 70 kacal ya kawo bahago José Alvarado don ya fuskanci bahago Yordan Alvarez, kamar yadda lissafi ya ce. Alvarez ya aika ƙwallon bayan katanga, maki uku, aka tashi 4-1. Baker yana da shekara 73, ba a taɓa samun manajan da ya ci kofin da shekarunsa ba, kuma shi ne baƙar fata na uku bayan Cito Gaston da Dave Roberts. Ya yi ritaya a Oktoban 2023 da nasara 2,183, ya kai ƙungiyoyi biyar daban-daban saman rukuninsu.

Malam Edita, ga inda zancen ya shafe mu. An buga besbol a wasannin Afirka da Abuja ta karɓi baƙunci a 2003, kuma Gift Ngoepe na Afirka ta Kudu ya shiga babbar gasar Amurka a 2017, don haka ba mafarki ba ne yaronmu ya kai. Amma yawancin masu koyar da yara a makarantu tsofaffin 'yan wasa ne ko malaman motsa jiki, kuma kuskuren da aka fi yi shi ne na 2003: yaro ɗaya ne ke da hannu, sai a ba shi wasan safe, a ba shi na yamma, gobe ma shi. Ƙashin gwiwar hannun yaro bai gama haɗewa ba. Jijiyar cikin gwiwar ita ke ɗaukar nauyin kowane jifa, in ta tsinke sai aikin da Dakta Frank Jobe ya fara yi wa Tommy John a 1974, a ciro wata jijiya a dasa, a yi shekara ɗaya zuwa ɗaya da rabi ana jinya. Shi John ɗin abokin wasan Baker ne a Dodgers. Iyaye nawa ne a Mararaba za su iya biyan wannan?

Ƙa'idar da hukumomin besbol na Amurka suka fitar ba ta buƙatar na'ura, littafi da biro sun isa. Ɗan shekara 7 zuwa 8 kada ya wuce jifa 50 a rana. Ɗan 9 zuwa 10, jifa 75. Ɗan 11 zuwa 12, jifa 85. Ɗan 13 zuwa 16, jifa 95. Hutu ga 'yan 14 zuwa ƙasa: wanda ya yi 21 zuwa 35 ya huta kwana ɗaya, 36 zuwa 50 kwana biyu, 51 zuwa 65 kwana uku, 66 zuwa sama kwana huɗu. A ba wani babba aikin ƙirgen shi kaɗai, ba kocin ba, don koci in wasa ya yi zafi lissafinsa kan ɓace. Yaron da aka sauke daga tudu kada a mayar da shi mai cafewa, don shi ma jifa yake yi bayan kowace ƙwallo. 'Yan ƙasa da 12 a auna musu filinsu, mita 18.3 tsakanin tashoshi, mita 14 daga tudu zuwa gida, ba na manya ba. A bar su da jifa miƙaƙƙe da mai sassauci, a ɗaga koyon mai lanƙwasa sai sun ƙara girma. Da sanyin hunturu a tsawaita ɗumama jiki, a fara jifa daga mita 10 ana ja da baya sannu a hankali. A zafin Maris da Afrilu kuwa gajiya kan riga lissafi zuwa, sai a sa ido a kan gwiwar hannu, in ta fara sauka a karɓi ƙwallon ko da yaron bai kai adadinsa ba. Wanda ya ce cikin gwiwarsa na masa zafi ya daina jifa a ranar, a kai shi asibiti, ba wurin mai ɗori ko mai man zafi ba. A shekara kuma a ba hannun hutun wata huɗu daga jifan gasa, damina ta dace da haka.

Kowace ƙungiyar yara ta tanadi masu jifa aƙalla huɗu kafin ta shiga gasar kwana biyu ko uku, masu shirya gasar kuma su riƙa karɓar takardar ƙirgen jifa daga ɓangarorin biyu bayan kowane wasa, alƙali ya sa hannu. Muna roƙon shafinku na wasanni ya buga waɗannan alƙaluma a inda malaman makarantu za su iya yankewa su liƙa a bango.

Wassalam.

Wasu masu koyar da yara besbol,
Abuja.